Rumbun mijin Gwaggo

Aikin da na ƙarar da ƙuruciyata a kansa shi ne shirya wa mata shiri a telebijin. Na fara da riƙe wa wasu makirfo, na ƙare ni ce mai cewa a fara, ni ce mai cewa a tsaya. Girki, ɗinki, ƙunshi, yayen yaro, gyaran ɗaki ko da tabarma ɗaya ce a cikinsa, duk babu wanda ban taɓa ba. Abokan aikina maza, masu karanta labarai suna ɗaure wuya da karabat, shirin tukwane suke kiran shirin nawa. Ban taɓa jin zafin abin ba, don na san in sun koma gida matansu ba sa tambayarsu abin da minista ya ce, sai dai su aiko su su tambaye ni wace irin daddawa na sa a miyar jiya.

Wanda bai san aikin ba yana zaton abin da ya gani a akwatin haka ya faru. Ina! Tuwon da mai kallo ya ga an ɗora yanzu an sauke yanzu, da ma akwai wani dafaffe a ɓoye a bayan tabarma. Hannun da ke tuƙi yau aka ɗauke shi, fuskar mai tuƙin sai gobe, daga baya mu zauna a ɗaki mai sanyi mu haɗa su kamar mai ɗinke ƙyallaye. Montaj muke ce wa wannan haɗin, kuma a lokacin ina ji da kaina a kansa ƙwarai.

Shekarar da zan ba da labarinta fari ya yi tsanani, soja ne kuma ke riƙe da ƙasa. Ina ofishinmu na Damagaram, mu ɗauki hoto, mu haɗa, mu aika da kasat Yamai a mota. An hana mu faɗin kalmar yunwa a shiri, sai dai a ce damina ta yi gardama. Wata safiya shugabanmu ya kira ni ya ce daga sama ana son shiri a kan tanadi: a nuna matar karkara tana ɗebo hatsi daga rumbu cike, ta yi fura, ta ja hankalin mata kan tattali. Na ce masa a wannan shekarar ina za a samu rumbu cike? Ya ce komandan na Matameye ya riga ya samo, kuma tunda garinmu ne, ni zan je.

Na daɗe ban ga Matameye ba, ban kuma so yadda na gan ta ba. Fadamun da ake rake sun tsattsage, kasuwa babu gyaɗa, mazan gari duk sun tsallaka Kano da Katsina cin rani tun kafin lokacin tafiya ya yi. Mata da tsofaffi ne suka rage, suna jiƙa anza su zubar da ɗacin, suna haɗa tafasa da dusa. Komandan dogon soja ne mai magana a hankali, irin ladabin da ke sa gabanka faɗuwa. Ya ɗauke mu a motarsa, ni da mai ɗaukar hotona, ya zaga da mu bayan kasuwa, ya tsaya ya nuna mini wani rumbu da ya leƙo ta saman darni.

"Madam, kin ga wannan? Duk garin babu kamarsa. Gobe da hantsi nake son ku gama."

Ban ce masa komai ba sai ranka ya daɗe. Rumbun na san shi tun ina yarinya, na mijin Gwaggona ne, ƙanwar mahaifina.

Mijin nata, da muke kira Baba, magini ne kuma manomi. Da hannunsa ya gina rumbun, na ƙasa, mai faɗin ciki, ya ɗora shi kan duwatsu, ya yi masa zanen yatsa a wuya. Mutumin da ba a taɓa jin ya auno hatsi a kasuwa ba ne, kuma da wannan ake saninsa, da shi yake ɗaga kai a masallaci. A wajenmu in an gama girbi maigida yakan zuba damman gandu a rumbu, ya rufe bakin ya yaɓe da laka, ya kifa jinka, ya tafi cin rani. Ba a fasa yaɓen sai ya dawo da faɗuwar ruwa, don abincin aikin gona ne. Matar gida kuwa da gayaunarta, wato 'yar gonarta ta kanta, da sana'arta take ratsa rani, ko leƙa rumbun ba ta yi.

Na shiga gidan ni kaɗai. Gwaggo ta rame har zanenta ya yi mata yawa, amma tsakar gidan a share tas. Ta ba ni ruwa, muka gaisa, na faɗa mata abin da ya kawo ni. Ta jawo ni cikin ɗaki ta rage murya.

"Ɗiyata, babu kome a cikinsa. Ko zangarniya guda."

"Gwaggo, kin leƙa ne?"

"Ni na kwaɓa masa lakar. Ɗan abin da aka samu ya juye mini a randa, ya hau ya yaɓe shi haka nan. Da zai tafi ya ce mini, ko ke da wa, kada a ji."

Na zauna a bakin gado. In aka fasa rumbun gobe a gaban soja da 'yan kallo, gari zai ga Baba ya yaɓe iska ya tafi, kuma dattijon ba zai ƙara iya haɗa ido da kowa ba. In na ce wa komandan a'a, zai tambayi dalili, ba shi kuma da kunnen jin cewa mace ba ta buɗe rumbun miji. Haushi ya kama ni, na soja, da na mutanen Yamai da ke son rumbu cike daga kan kujera, har da na shi Baban da ya bar wa mace wannan kaya ya tafi. Gwaggo ba ta ji haushin kowa ba. Ta ce mini kawai, ke da kika yi lakwal kika san boko, ki yi duk dabarar da za ki yi, amma kada laka ta fashe.

Dabarar ba ta ba ni wuya ba. Da ma mu ba ma zuwa gidan kowa hannu sake, kayan girkinmu muke tafe da su, a motar akwai ɗan damin hatsi da na sayo a Damagaram. Da sassafe na kai shi gidan cikin buhu, muka ɗaga jinkar, muka kwantar da shi a kan murfin rumbun, muka mayar. Da hantsi komandan ya iso da sojojinsa, unguwa ta taru kamar ana suna. Na je gabansa na ce, ranka ya daɗe, na'urarmu tana ɗaukar ko tarin mutum, in ba a watse ba shirin zai lalace. Nan take aka kore kowa har ƙarshen layi. Shi ma ya zauna a zaure, ya ce ba zai shiga gidan da mai shi ba ya nan ba, abin da na yaba masa ke nan har yau.

Mai ɗaukar hotona mutum ne da bai iya tambaya ba, shi ya sa muka daɗe tare. Ya kafa kamara a ƙasa ta yadda bakin rumbun ba zai fito ba. Gwaggo ta ci ɗamara ta hau tsani, ta tura hannu ƙarƙashin jinka, ta sauko da zangarniyoyi a ƙwarya. Ta yi sussuka, ta sheƙe, ta surfa, ta daka, ta dama fura, tana yi tana magana kan tattali kamar an haife ta a gaban kamara. Ragowar hatsin na bar mata.

A Damagaram na zauna haɗawa. Tsakanin hawanta da saukowarta akwai giɓi, dole a nuna abin da idonta ya gani. Ina da wani tsohon kasat da muka ɗauka a Dungu wata shekarar albarka, cikin rumbu cike har baki, zangarniyoyi jere kamar kitso. Na yanko shi na saka a gurbin. Ya zauna ɗas. Shugabanmu ya kalla ya yi mini barka, daga Yamai ma aka aiko da yabo. Ni kuwa na kwana da farin ciki, na rufa wa Baba asiri, na kuma cika wa soja ido.

A lokacin telebijin ɗaya ce a Matameye ta jama'a, a dandalin samari, ana kunna ta da batir bayan magariba. Ranar da aka sa shirin kowa ya je, don an ji 'yar gari ce za ta fito. Suka ga Gwaggo ta hau tsani, suka ga hatsi har baki.

Da gari ya waye ƙorai suka fara sallama a gidanta.

Ban san wannan ba sai da mahaifiyata ta aiko a ce in zo. Na zo wata Juma'a na tarar da Gwaggo zaune ita kaɗai tana tsinkar ganye. Ta ba ni labari ba tare da ta ɗaga murya ba. Maƙwabta sun zo, dangin miji sun zo, har wata tsohuwa daga Dawce ta tako a ƙasa. Babu wanda ya roƙi dami, ɗan abin kunun yara kawai suke so. Ta rarraba ragowar da na bar mata har ya ƙare, ta haɗa da na randarta. Daga nan duk wadda ta zo sai ta ce mata maigida ba ya nan, ba ta da ikon buɗewa. Su kuma su ce, ai kin buɗe wa tele.

Wadda ta fi yi mata ciwo ita ce aminiyarta, maƙwabciyarta ta jikin darni. Tare aka kawo su unguwar suna amare, tare suke suyar ƙuli-ƙuli shekarun da akwai gyaɗa, kowace ta yi wa 'yar'uwarta zaman jego. Ta shigo da jikanta a goye, yaron da ya riga ya fara tafiya, yanzu ko wuya ba ya iya riƙewa don yunwa. Gwaggo ta faɗa mata abin da take faɗa wa kowa. Matar ta dube ta, ta dubi rumbun, ta kifa ƙwaryarta a ka ta fita. Tun daga ranar ba ta ƙara amsa mata gaisuwa ba. A rijiya in Gwaggo ta iso sai hira ta mutu. An yi suna a layin ba a gaya mata ba. Yara ma sun samo mata suna, mai rumbu.

Na miƙe tsaye na ce yanzun nan zan bi gida gida in faɗa musu hoton na Dungu ne, ni na haɗa, soja su yi abin da za su yi da ni.

"Zauna," in ji ta. "In kin ce na Dungu ne, sai su ce to namu fa, me ke ciki? Me za ki ce musu?"

"Sai in faɗi gaskiya, Gwaggo. Ana zaginki a kan abin da babu."

"Zagi ba ya fasa laka. Asirin ba nawa ba ne, ɗiyata, ajiya aka ba ni. Mai shi zai zo."

Na yi ta faɗa, ta bar ni na gama, ta miƙo mini ganye ta ce in taya ta tsinka. Na koma Damagaram raina a ɓace. Daga nan duk ƙarshen mako nakan zo da ɗan abin da na samu, ita kuma ta aika da shi gidan aminiyar ta hannun mahaifiyata, a ce daga wajenmu ne, don in an ce daga gare ta ne za a mayar. Haka aka ƙarasa ranin, ina shirya wa mata yadda ake yin miya ba mai, Gwaggona kuma tana zuwa rijiya da tsakar rana lokacin da babu kowa.

Ruwa ya faɗi a makare, amma ya faɗi. Maza suka fara dawowa ta hanyoyin daji, don iyaka a rufe take. Na yi sa'a ina gari ranar da Baba ya iso, wajen la'asar, da buhun kayan gininsa a kafaɗa da ɗan ƙullin iri. Ya tsufa a rani ɗaya, ƙafafunsa duk faso. Gwaggo ta shimfiɗa masa tabarma a inuwar rumbu ta kawo ruwa. Da ya gan ni sai ya yi murmushi.

"Madam, ashe kina nan. Tun a Kano aka ba ni labari, wai an ga rumbuna a tele har baki. Na ce to, Allah ya sa wa ɗiyar nan albarka, ni na bar shi wayam ita ta cika mini."

Ya yi dariya, ya sa hannu ya shafa cikin rumbun, ya ɗaga kai ya ga yaɓensa na nan yadda ya bar shi. Na ga daɗin da ya ji a fuskarsa. Ya dubi Gwaggo ya ce madalla, ita kuma ta sunkuyar da kai.

A garinmu in mai cin rani ya dawo, kafin ya gama shan ruwa matan unguwa sun cika gidan, suna yi wa uwargida barka da arziki, yara suna leƙen tsaraba. Baba ya zauna yana jira. Muna jin guɗa daga wani gida can gaba inda wani ma ya dawo. A namu gidan ko kaza ba ta shigo ba. Ya gyara zama, ya dubi ƙofa, ya sake duba. Ta bayan darni muna jin motsin aminiyar Gwaggo tana wanke-wanke, ko leƙowa ba ta yi ba.

"Lafiya unguwar nan? Rasuwa aka yi?"

"Lafiya lau, Malam," in ji Gwaggo. "Kowa na fama da shuka ne."

Ni dai ba a haife ni da irin wannan haƙurin ba. Gwaggo tana hararata, na buɗe baki na faɗa masa komai, tun daga komandan har ƙorai, har yaron da aka goyo, har sunan da yara suka sa mata. Na ce masa, Baba, wata da watanni matar nan ba ta da mai ce mata sannu a garin nan, saboda kai ka ce kada a ji. Na faɗa da zafi fiye da yadda ya kamata a yi wa babba, ban kuma janye ba.

Ya juya wajenta.

"Haka ne?"

Ta gyaɗa kai.

"Kuma ba ki faɗa wa kowa ba? Ko ita?" Ya nuna darni da haɓa.

"Ka ce ko ni da wa."

Ya daɗe zaune yana kallon hannuwansa. Na zaci zai ce a bari sai an yi shuka, ko ya sami dattawa a masallaci ya yi musu bayani a hankali, yadda mutuncinsa ba zai zube duka ba. Sai ya jawo buhunsa ya zaro gudumar da yake fasa dutse da ita. Ya je ya kama darnin da ke tsakanin rumbun da layi, ya tumɓuke shi ya kwantar. Bai nemi tsani ba. Ya tsaya ta gefen da ke kallon hanya, ya ɗaga guduma ya kai wa cikin rumbun duka.

Ƙarar ta fita kamar an bugi babbar randa wadda ba ruwa. Gwaggo ta ɗora hannu a ka tana cewa Malam, Malam, aikin hannunka ne fa. Bai saurare ta ba. Ginin mai kyau ne, bai ba da kai da wuri ba, sai da ya yi gumi kafin ƙasar ta rufta ta bar rami wanda babban mutum zai shiga a sunkuye. Kafin nan layi ya cika, maza masu dawowa daga gona da kalme a kafaɗa, mata a bakin ƙofofi. Baba ya ajiye guduma, ya ja gefe don kowa ya gani, ya yi magana da ƙarfi.

"Jama'a, ku zo ku duba. Haka na rufe shi, haka na same shi. Ban noma kome ba bara, kunya ta hana ni faɗi. Matar nan ba ta hana kowa kome ba, ni na ɗaure mata baki."

Babu wanda ya motsa da farko. Sai wani dattijo ya matso ya leƙa, ya yi salati ya koma. Aka riƙa zuwa ɗaya bayan ɗaya, ana leƙawa, ana sunkuyar da kai. Babu komai a ciki sai yanar gizo da ɗan kashin ɓera. Ni da na yi shekaru ina neman hoto mai kyau, ranar na gode wa Allah da babu kamara a hannun kowa, don hawaye nake yi sosai, na tausayin dattijon da yake tsaye a gaban garinsu ba shi da abin da zai ƙara ɓoyewa.

Aminiyar Gwaggo ce ta zo a ƙarshe, hannunta da jiƙar wanke-wanke, jikan nata yana biye yana riƙe da bakin zanenta. Ta durƙusa ta tura kai cikin ramin, ta daɗe a haka, har ta sa hannu ta shafa ƙasan. Da ta fito ba ta miƙe ba, ta zauna daɓas a kan ɓaraguzan tana duban Gwaggo, tun daga wuyanta har ƙafa.

"To ke me kike ci duk watannin nan?"

"Abin da kike ci," in ji Gwaggo.